Taku Ɗari da Arba'in Daga Tankin Ruwa

Talatar nan da ta wuce mahaifina, Malam Bukar, ya cika shekara goma sha tara a ƙasa. Duk shekara in lokacin ya zagayo mukan dafa abinci a raba, a yi masa addu'a, kowa ya kama gabansa. Bana na kasa tsayawa a nan, domin akwai maganar da ta tokare mini wuya, in ban fitar da ita ba ina jin ita za ta yi ajalina. Na ɓatar da kabarin ubana. Ni ɗansa, malamin lissafi a makarantar sakandare, da furfura a gemu, na wayi gari ban san inda yake kwance ba.

Wanda ya san Lafia ta yau kawai zai yi wuya ya yarda cewa ƙaramar tashar jirgin ƙasa da ke gefen gari, ta wajen hanyar Agyaragu, a daji take lokacin da muke yara. A can aka haife ni, a ɗaya daga cikin ɗakunan da aka gina wa ma'aikata a bayan ofis. Dandamali ɗaya ne da ita. Ginin jan bulo ne mai rufin kwano, da tagar sayar da tikiti wadda aka yi wa raga, da ɗakin jira mai benci uku da ba a taɓa samun wurin zama a kansu ba, saboda buhunan gishirin Keana sun riga kowa zama. A ƙofar sito akwai sikelin awon kaya, kuma duk yaron tasha ya san nauyinsa, don da mai awon ya juya baya muke haye shi. Ranar da ake lodin doya har kan dandamali take taruwa, mata na ciniki da yare huɗu ko biyar, Hausa na sasanta su. Daga can nesa sandar sigina take tsaye da hannunta. In hannun ya sauka, sai mai tasha ya fito ya buga ƙararrawa, masu ƙosai su miƙe.

Abin da ya fi komai tsawo shi ne tankin ruwa. Baba ya ce tun zamanin jirgin kwal aka kafa shi, lokacin da inji ke tsayawa ya sha ruwa kafin ya wuce, kuma shi ya riski ƙarshen zamanin yana saurayi. Ni dai ban taɓa ganin jirgi ya sha daga gare shi ba. Mu muka sha, mu da awakin unguwa.

Aikin Baba shi ne duba titi. Da an idar da sallar asuba zai saɓa doguwar guduma da ƙaton sifana, ya cusa jar tuta a aljihu, ya hau layi. Yana tafe yana bugun dogo yana saurare. In ƙarfen ya amsa masa yadda yake so ya wuce, in bai amsa ba ya durƙusa ya nemi notin da ya saki. Wanda bai taɓa bin titin jirgi da ƙafa ba bai san wani abu ba: ba ka da ikon zaɓen takunka. Ƙarƙashin dogo akwai ƙarafan da aka shimfiɗa a gicciye, waɗanda 'yan reluwe ke kira silifa, kuma daga wannan zuwa wancan tazarar gajera ce, ba ta kai takun namiji ba. Dole ka rage ƙafa ka bi su ɗaya bayan ɗaya. Shekara talatin Baba yana rage ƙafa, har ƙafar ta manta da wata tafiya. A kasuwa, a hanyar idi, ko zuwa bayan gida, haka yake tafiya da 'yan gajerun takun nan, sai ka ce an ɗaure masa sawu. Mu 'ya'yansa mukan bi bayansa muna kwaikwayo muna ƙunshe dariya. Ya sani sarai. Bai taɓa waiwayowa ba.

'Yan reluwe na wannan tasha suna da wata al'ada tasu. Yawancinsu baƙi ne, aiki ya kawo su, gari kuma da nisa a lokacin, sai suka keɓe wani ɗan wuri a gabas da layi suna binne nasu. Mutanen gari suna sa tukunya ko dutse ko itace a kan kabari. Su 'yan reluwe sun raina wannan. Guntun tsohon dogo suke yankowa su kafa a wajen kai, har ya nutse rabi a ƙasa. Baba yakan ce tukunya tana fashewa, gara tana cin itace, dutse kuma yaro ma zai gangarar da shi, amma wa zai iya ɗaga dogo? Da alfahari yake faɗar haka, ya gyara hula. Saboda sun amince da ƙarfen, ba su taɓa kewaye wurin ba, ba su taɓa kai maganarsa gaban mai unguwa ba, ba su rubuta shi a ko'ina ba. Kabari bakwai ne a wurin, na Baba shi ne na ƙarshe. Ya riga ya yi ritaya da daɗewa, jirgi ma ya fara wuyar gani, amma har makon da ya kwanta yana fita da gudumarsa ba wanda ya aike shi. Da ciwon ya tsananta ya ce kada a kai shi maƙabartar gari, a kwantar da shi inda zai riƙa jin jirgi.

Allah ya rufa masa asiri bai ga abin da ya biyo baya ba. Jirgin ya ɗauke ƙafa. Ƙararrawa aka fara rasawa, sai sikeli, sai hannun sigina, sai sandar kanta. Daga nan masu sayen tsofaffin ƙarafa suka zo da amsar tambayar Baba: ba sai an ɗaga dogo ba, yanka shi ake yi gunduwa-gunduwa. Suka kwashe layin da silifansa, aka baje tsakuwar da ke ƙarƙashi, inda jirgi ke bi ya koma hanyar 'yan acaɓa. Gari ya taso ya haɗiye tashar. Yau a ɗakin jira ana buga bulo, tagar tikiti kuma wata baiwar Allah ta mayar da ita wurin sayar da kalanzir. Ko tankin masu sayen ƙarafan ba su bari ba, sai gindinsa na siminti da ya gagare su. Nakan ji ana cewa za a farfaɗo da layin. Na san abin da Baba zai tambaya in ya ji: to, wa zai bi shi da ƙafa kullum safiya? Ba na jin akwai mai amsa masa.

Yanzu ga nawa laifin. Shekarun farko duk Juma'a bayan masallaci ina zuwa kabarin. Da na yi gini a ɗaya ƙetaren gari na ɗauko mahaifiyarmu, Iya, muka koma can, sai zuwan ya koma wata-wata, daga baya sai sallah-sallah. Shekara huɗu da suka wuce na je na tarar babu ko guntun ƙarfe ɗaya. Bakwai ɗin duka an tumɓuke su, mangwaron da ke wurin an sare, ruwan damina ya shafe tudun. Na tsaya inda nake zato, na yi addu'a, na dawo gida. Iya ta tambaye ni kamar kullum, “Auta, ka gaida Malam?” Har yau Auta take ce mini, ko a gaban ɗalibaina. Na ce na gaishe shi. Ta ce ƙarfen yana nan? Na ce yana nan daram. Tun daga ranar kowace Juma'a sai na maimaita mata wannan ƙarya, wani makon ma ban taka unguwar ba.

Makonni biyu da suka wuce aka kira ni aka ce an jibge yashi da bulo a filin. Na bar aji a tsakiyar darasi na hau acaɓa. Mai filin wani ɗan kasuwa ne, Alhaji Sabo, mai sayar da atamfa, kuma ba zan ɗora masa abin da bai yi ba, mutumin kirki ne. Da na faɗa masa sai da ya cire hula ya zauna a kan bulo.

“Wallahi Malam, ni fili na saya, ban sayi kabari ba,” in ji shi. “Ka nuna min wurin in ja igiya in bar shi. Amma Asabar ta sama magina za su fara haƙa, na riga na ɗauko su daga nesa, ba zan iya tsayar da su ba.”

Na ce to. Na waiga dama na waiga hagu, ciyawa ce kawai da ledoji. Na rasa inda zan miƙa yatsa.

Mutum ɗaya ya rage cikin waɗanda suka yi aiki da Baba, tsoho Anzaku, wanda shi ne helimansu, wato shugaban masu gyaran titi. Kirista ne, ɗan ƙabilar Eggon, amma shi ya yanka ƙarfen kabarin Baba, kuma ranar jana'iza yana tsaye daga gefe har aka gama. Na same shi a gidan 'yarsa a hanyar Assakio, ɓarin jikinsa ya shanye, yana kwance a kan tabarma. Da ya gane ni ya yi dariya da rabin baki. Ashe 'yan reluwe ba sa sanin wuri da itace ko gini. Duk abin da ya faru a layi, da ƙirga suke riƙe shi.

“Ƙarfen nan, ni na kafa shi da hannu na,” ya ce. “Ka tsaya a tanki, ka duba Makurdi. Silifa ɗari da arba'in. Ka juya hannun hagu, taku ishirin, irin na layi. Shi ke nan, Bukar yana wurin.” Sai ya kalli ƙafafuna ya girgiza kai. “Amma ba wannan ƙafa naka ba, ticha. Ƙafa naka na ofis ne. Nawa kuma ka gani, ya mutu ya bar ni.”

Na fito ina murna. Lissafi ai sana'ata ce. Na je can wajen wata ƙaramar gada inda ɓarayi ba su kai ba, na auna tazarar silifa da tef, na ninka, na dawo gindin tanki da igiya da takarda. Abin da na manta shi ne layin ba miƙaƙƙe ba ne. Yana barin tanki kaɗan yake lanƙwasa, kuma babu sauran alamar inda kwanar ta fara da inda ta ƙare. Sau uku na gwada, sau uku na faɗa wuri dabam. Na farko ya kai ni tsakiyar filin Alhaji Sabo, na biyu bakin kwata, na uku gindin wani shagon aski. Masu acaɓa suka fara tsayawa suna kallon malamin da ya zautu. Laraba ta wuce, Alhamis ta zo. Ban iya cin abinci ba. Ina rufe ido sai in ga diga tana sauka a kan ƙirjin ubana.

Ranar Alhamis da la'asar na tarar da Iya a tsakar gida tana tsince wake. Ta tashi za ta ɗauko faifai, na bi ta da ido. Shekara nawa ina kallon tafiyar nan ina cewa tsufa ne. Ba tsufa ba ne. Duk tsawon aikin Baba, ita ke kai masa abincin rana har wajen gadar nan, da kwano a ka, a kan layi, zuwa da dawowa. Takun Baba ne a ƙafarta.

Sai dai ba yadda zan roƙe ta ba tare da na tona kaina ba. Na durƙusa a gabanta na faɗa mata duka, ƙarfen, shekara huɗun, bulon, Asabar. Na yi kuka irin wanda ban yi ba ranar da aka binne shi. Ba ta daina tsince wakenta ba sai da na gama.

“Na sani, Auta,” ta ce. “Da can in ka je, ƙashin yawo, ƙayar nan mai manne wa tufa, nake cirewa daga ƙafar wandonka in zan ba da wanki. Wurin ba ya rabo da shi. Shekara huɗu wandonka fes yake dawowa.”

Na ce, Iya, me ya hana ki faɗa?

“Ina jira ka gaji da kanka. Ban san akwai masu haƙa a hanya ba.”

Iya ba ta taɓa ganin kabarin ba. Mata ba sa bin gawa, kuma bayan takaba ba ta sake hawa layi ba. Ranar Juma'a da hantsi na kai ta a keke napep har gindin tanki. Alhaji Sabo ya zo da igiyarsa da turaku. Ta daɗe tana kallon abin da ya rage na tashar. Sannan ta tuɓe takalmi ta ba ni, ta ce kada kowa ya yi mata magana, ni in ƙirga a zuci, ita ba ta iya ƙirga tana tafiya. Ta sa bayanta ga siminti, ta fuskanci kudu, ta ɗaga kai kamar da kwano a kansa, ta fara.

Ban taɓa ganin abu irin wannan ba. Tsohuwar da sai ta dafa bango take shiga ɗaki, ga ta tana tafiya a kan titin da babu shi. Idonta ba ya ƙasa. Wajen taku na talatin kafaɗarta ta karkata kaɗan, ƙafar ta bi kwanar da ni na kwana uku ina nema da igiya. Masu acaɓa suka riƙa kauce mata. A taku na casa'in numfashinta ya fara fita da ƙara, na miƙa hannu, ta ture shi. Muka zo daidai filin Alhaji Sabo, ina jira ta rage, sai na ga ƙirgar ba ta cika ba. Muka wuce filin gaba ɗaya. Ɗari da arba'in ya cika a gaban wani gida mai koren fenti da ke maƙwabtaka da shi. Na ce, Iya, nan ne, hagu. Ta juya. Na ƙirga ɗaya, biyu, har goma sha huɗu. A na goma sha huɗu yatsun ƙafarta suka taɓa katanga.

Saura taku shida, kuma suna cikin gidan.

Gidan nan shekara biyu ke nan da gina shi. A gabana aka gina shi. Na tuna ranar da na wuce ana zuba kankare, na ɗaga hannu na ce wa magina sannunku da aiki, na ƙarasa can gaba na tsaya a kan ciyawar da ba kowa a ƙarƙashinta na yi addu'a. Da a ce ranar da na ga an cire ƙarfen na dawo gida na faɗi gaskiya, da Iya ta yi wannan tafiyar tun wurin yana fili, da turaku huɗu da igiya sun isa.

Iya ta ɗora tafin hannunta a kan katangar. Daga ciki ana jin yara suna guje-guje, wata mata tana musu tsawa. Ta ce, “Malam, ga ni. Na makara.” Haka take ce masa a gada in abinci ya yi latti. Na nufi ƙofar gidan zan buga, ta riƙe mini riga. Ta ce mutanen ciki ba su san komai ba, in na faɗa musu ba za su sake barci a ɗakunansu ba, shi kuma mutumin da jirgi ke wucewa ta gefen kansa yana minshari, takun yara ba zai tashe shi ba. Alhaji Sabo yana share ido da hannun riga. Duk da haka ya ja igiyarsa ta gefen katangar ya bar wani yanki, ya ce ko wani daga cikin sauran shidan ya faɗo ta wajensa. Allah ya saka masa.

Maganar Iya ba ta sanyaya mini rai ba, ba zan yi muku ƙarya ba, na gaji da ƙarya. Ban san ko taku shidan nan tsakar gida suka faɗa ba, ko ƙarƙashin ɗaki, ko daidai inda aka haƙa tushen gini. Ban san abin da magina suka gani suka yi shiru ba. Wannan tambayar da ita zan shiga nawa kabarin. Kuma sauran mutum shidan suna da 'ya'ya a wani wuri, wataƙila wani cikinsu yana karanta wannan yana zaton ƙarfen ubansa yana nan. Ɗan'uwa, ba ya nan. In kana da tsohuwar da ta taɓa kai abinci a kan layi, kada ka jira Juma'a mai zuwa.

Nakan zauna in duba abin da ya rage na Malam Bukar. Gudumarsa tana ƙarƙashin gadona, ba abin da za ta buga. Tashar da ya ba ƙuruciyarsa ta zama wurin buga bulo. Ƙarfen da ya amince da shi fiye da dutse an narkar da shi, wa ya sani ko yana cikin ƙofar wani. Abin da ya saura shi ne tafiyar da muka yi wa dariya, ita ma a ƙafar tsohuwa ɗaya mai ciwon gwiwa. Ranar da ta kwanta, gindin tanki da ɗari da arba'in ba za su kai kowa ko'ina ba.

Don haka yanzu, kowace safiya kafin in tafi makaranta nake kai ta tasha. Ba ta iya sake tafiyar ba, ta farkon ta kwantar da ita kwana biyu. A kujera take zama a gindin tanki, ni in tuɓe takalmi in kama hanya. Jiya na ƙirga ɗari da arba'in, na ɗaga kai, na ga na wuce koren gidan har na kai shagon aski. Na dawo na tsaya a gabanta ina haki. Ta dube ni, ta dubi ƙafafuna.

“Rage ƙafa, Auta,” ta ce. “Koma ka sake. Ba ni da lokaci da yawa.”